Zuwa Ga Iyayenmu Shugabannin Hausawan Sudan: Ku Ba Tsofaffinmu Izinin Magana

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ranku ya daɗe, omdoji, shehunai, limamai da dattawan unguwanni, daga Damazin zuwa Kasala, daga Mai Wurno zuwa Kosti. Ina gaisuwa irin ta ɗa ga iyayensa. Ni malamin firamare ne, haifaffen Rusairis, yanzu ina zaman gudun hijira a Gadarif. Na san ba tarbiyyarmu ba ce yaro ya yi wa manya magana a bainar jama'a. Amma sau biyu ina kawo batun naɗar shaidar tsofaffinmu kan abin da ya same mu a zaure, sau biyu ana ce mini a bar kaza cikin gashinta, a yi fatiha, a tashi. Shi ya sa na koma ga alƙalami. In na zarce iyakar ladabi, ku yafe mini.

Zan fara da gwaggona, Allah ya jiƙanta, don ita ce silar wannan takarda.

Sau biyu aka raba ta da gida cikin shekara biyu. Na farko a Yulin 2022, 'yan kwanaki bayan Babbar Sallah, lokacin da wutar rikicin ƙabilanci tsakanin Hausawa da wasu ƙabilun jihar Nil Azraƙ, wadda ta tashi daga Gaisan, ta iso Rusairis. Ta tsallaka Damazin da zanen jikinta, ta yi makonni a ajin makaranta, daga baya ta koma Sinja wurin 'yarta. A wannan tashin ta rasa ɗanta na fari. Na biyu a ƙarshen Yunin 2024, da yaƙin sojoji da dakarun RSF ya ci Sinja. Suka biyo ta Dindir cikin damina, wani wuri a ƙafa, wani wuri a bayan tarakta, har suka faɗo Gadarif.

Wajen ƙarshen wannan shekara wasu baƙi suka zo makarantar da aka sauke mu, da kyamara da abin ɗaukar murya mai gashi kamar wutsiyar kyanwa. Suka ce fim ɗin tarihi suke haɗawa, irin wanda a nan muke ce wa wasa'iƙi, kuma suna neman dattijuwar da ta ga abu da idonta. Ni aka ɗauka tafinta. Ba zan ambaci sunansu ba. Mutanen kirki ne a mu'amala: sun cire takalmi, sun zauna a tabarma, sun sha jabana, gahawarmu ta nan, har kofi uku.

Gwaggo ta yi magana awa uku. Ni da na tashi a gabanta ban taɓa jin ta haɗa jimla goma a kan wannan rana ba, sai ga shi ta buɗe baki kamar an fasa tulu. Ta faɗi abin da ke kan murhu lokacin da aka fara harbi. Ta faɗi ta wane lungu mutanen suka shigo. Ta lissafa maƙwabtan da suka mutu, kowa da sunansa da na ubansa da inda aka tsinci gawarsa, tana ƙirgawa da 'ya'yan carbi. Sannan ta ba da labarin maƙwabciyarta, wadda ba Bahaushiya ba ce, 'yar ɓangaren da ake faɗa da su ce ma. Matar nan ta ɓoye ta a bayan buhunan dawa wuni guda, da magariba ta yafa mata tob ɗinta, wato lulluɓin matan Sudan, ta riƙo hannunta har bakin titi, duk wanda ya tare su ta ce yayarta ce ba ta da lafiya. Sau biyu Gwaggo ta maimaita wannan, ta dube ni ta ce: "Ka gaya musu su rubuta wannan, kada su manta."

Akwai abin da ya faru a tsakiya da nake so ku lura da shi. Mai tambayar ya nemi sunan ɗan da aka kashe. Ta ce "yaron nan". Ya sake tambaya, ta ce "mai sunan malam". Ya juyo gare ni cikin tausayi yana tambaya ko ruɗewa ce ta sa ta manta. Uwa ta manta sunan ɗanta! Na yi masa bayanin alkunya, cewa Bahaushiyar zamaninta ba ta kama sunan ɗan fari ko na miji, da rai ko ba rai. Ya gyaɗa kai, amma na ga bayanin bai shige shi ba. Ni na faɗi sunan. Ita kuwa ta sunkuyar da kai, ta ja mayafi ta rufe fuska.

Bayan watanni aka turo mini fim ɗin ta WhatsApp. Gwaggo ta fito ƙasa da minti ɗaya, kuma daidai wurin jan mayafin nan ne. A ƙasa an rubuta cewa wata mace ce da ta gudo daga jihar Sinnar. Babu Rusairis, babu 2022, don fim ɗin kan yaƙin yanzu yake. Babu sunayen carbi. Babu maƙwabciya. Inda ta ce "sai haƙuri" an fassara shi kamar ta ce ta yafe, ya wuce. Ku kun san abin da tsohuwa ke nufi in ta ce sai haƙuri tana kallon ƙasa. Ta rasu cikin azumin 2025. Na rubuta musu sau biyu ina roƙon cikakken faifan, amsar da na samu ita ce hakkin mallakarsa yana hannun waɗanda suka ba da kuɗin aikin. Sunayen nan ban rubuta ko ɗaya ba ranar, don na dogara da kyamara. Wannan sakacin nawa ne, kuma yana hana ni barci.

Ban zo kai ƙarar baƙin ba. Mai fim yana da minti hamsin da masu kallon da ba su san inda Rusairis take ba, dole ya yanka. Abin da ya fi damuna shi ne, awa ukun nan su kaɗai ne a duniya, kuma baƙo ne ya zo ya tambaya. Mu da muke kwana ɗaki ɗaya da ita ba mu taɓa tambaya ba, don an ce mana tambaya fami ce.

Ranku ya daɗe, mun taɓa yin irin wannan asara. A Yulin 1903 Turawan Ingila suka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi tare da ɗaruruwan mutanensa. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja sauran, Fulani da Hausawa, suka nufo gabas har suka sauka a bakin kogin Nil Azraƙ. Kakan mahaifina yana cikin ayarin, yaro ne a lokacin. Abin da ya iso gare ni daga bakinsa jimla uku ne: sun sha ƙishi, an binne ƙanwarsa a ƙasar Wadai, kuma har ya mutu ba ya son ƙarar ganga da dare. Shi ke nan. Manjo Marsh, Baturen da ya mutu a Burmi, sunansa da muƙaminsa suna rubuce a littattafai. Ƙanwar kakanmu ko sunanta ba mu sani ba. Waɗancan suna da uzuri, ba su da abin naɗar murya. Mu kowane saurayi a kasuwar Gadarif yana da shi a aljihu.

Na duba yadda wasu al'ummu suka yi da nasu bala'in. Na san ambaton Yahudawa a wannan zamani, da abin da idonmu ya gani a Gaza, zai sa wasu su tsuke fuska. Amma hikima ɓatacciyar dabbar mumini ce, kuma kisan da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawa miliyan shida a yaƙin duniya na biyu zalunci ne ko wa ya faɗa. Wani Bafaranshe, Claude Lanzmann, ya shafe shekara 11 yana haɗa fim mai suna Shoah. Ya fito a 1985, tsawonsa awa tara da rabi, kuma bai sa tsofaffin hotunan gawarwaki ba. Mutane ne kawai suke magana, da wuraren da abin ya faru kamar yadda suke a lokacin ɗaukar. Na kalle shi a waya, guntu-guntu, dare bayan dare.

A ciki akwai wani mai aski, Abraham Bomba, wanda aka tilasta wa yanke gashin mata a sansanin Treblinka kafin a kashe su da iskar guba. Mai fim ya yi hayar shagon aski, ya ba shi almakashi, yana yi wa wani aski yana ba da labari. Muryarsa a dake take har ya iso inda wani abokin aikinsa ya ga matarsa da 'yar'uwarsa sun shigo ɗakin. Nan magana ta ƙi fita. Ya roƙi a ƙyale shi. Mai fim ya nace sai ya ci gaba, kyamara kuma ba ta kau da ido ba. Na fahimci dalilinsa: in mutumin nan bai faɗa ba, babu mai faɗa. Duk da haka na ajiye wayar na fita tsakar gida. Da ni ke riƙe da kyamarar, kuma Gwaggo ce a kujerar, da na kashe. Abin da na ɗauka daga fim ɗin shi ne haƙurin sauraro, da tambayar ƙananan abubuwa: ƙofa nawa, wane lokaci, wa ke tsaye a ina. Matsin kuwa na bar masa.

Wanda ya fi kusa da abin da nake roƙo shi ne aikin gidauniyar da Steven Spielberg ya kafa a Amurka a 1994. Cikin shekara biyar suka naɗi shaidar mutum kusan 52,000 a ƙasa 56, da harshe 32. Kowa da harshen da ya zaɓa. Ana farawa daga ƙuruciyar mutum, gidansu da unguwarsu, kafin a zo kan bala'in, ba a yanke komai, a ƙarshe a ba shi nasa kwafin ya ajiye wa jikoki. Sai dai ku lura da shekarar. Yaƙin ya ƙare a 1945. Kafin su fara, waɗanda suka ga abin da idon manya mafi yawansu suna kabari. Falasɗinawa ma sai a 2002 aka fara wani aikin naɗar bidiyon tsofaffin sansanonin Lebanon kan korar 1948. Kowa sai da ya makara. Mu namu shaidun suna nan da rai a ajujuwan makarantu, amma kwalara da zazzaɓi da baƙin ciki suna ɗibar su kowace damina.

Yanzu bari in zo ga abin da kuka ce mini a zaure, don ban raina shi ba.

Kun ce an yi sulhu a Nil Azraƙ, an sha hannu, tono zai tayar da ƙura. Allah ya saka muku da alheri kan sulhun, mun san wahalar da kuka sha. Amma labarin ba ya kwance. Yana yawo a Facebook da TikTok, a bakin yaran da ba su kai shekara goma sha biyar ba lokacin da abin ya faru, kuma a bakinsu babu maƙwabciya mai tob. Kowace ƙabila ɗaya ce dunƙule, mu waliyyai, su shaiɗanu. Cikakkiyar shaida ita ke da irin wannan mata a ciki. Ita ce kuma za ta faɗi abin da ba mu son ji: cewa a Wad al-Mahi, cikin Oktoban 2022, inda aka rasa sama da mutum 200, ba gefe ɗaya aka yi jana'iza ba, kuma a Kasala fushin matasanmu ya kai ga ƙona ofisoshi da shaguna. In muka naɗi namu raunin kaɗai, waƙar yaƙi muka ajiye wa jikoki. Ina so a naɗi 'yan ɗaya ɓangaren, Baberte da Bafunje da Bahamaje ma, duk wanda ya yarda ya zauna.

Kun ce akwai haɗari. Wannan gaskiya ce tsagwaronta. Gwamnan Darfur ta Yamma, Khamis Abakar, ya yi magana a talabijin ranar 14 ga Yuni, 2023 kan kisan da ake yi a Jinaina, bai kwana ba aka kashe shi. A wannan ɓangare namu da ke hannun sojoji kuma mun ga yadda zancen "baƙin fuskoki" ya sa ake tsare mutum a shinge saboda kamanninsa ko lafazinsa, mun ji abin da ya sami mazauna kanabi, wato sansanonin 'yan ƙwadagon gona, a Jazira bayan sojoji sun karɓe Madani a Janairun 2025. Bahaushe da har yau wani jami'i ke tambayarsa asalin kakansa kafin ya ba shi lambar ɗan ƙasa ba shi da rigar sulke. To amma naɗa daban, yaɗawa daban. Ana iya ɗaukar shaida yau a kulle ta shekara ashirin. Ana iya ɗaukar murya ba fuska. Kotun duniya da ke birnin Hague ta samu Ali Kushaib, wani jagoran mayaƙan Janjawid, da laifi a Oktoban 2025 kan abin da aka yi a Bindisi da Mukjar da Dilaij na Darfur a 2003 da 2004, kuma da yawa daga shaidun an ɓoye fuskarsu da muryarsu. Shekara ashirin da ɗoriya, amma maganar manoma ta tsaya a gaban alƙali, don sun riƙe rana da wuri da suna.

Akwai kuma wani abu da ban ji an faɗa a zaure ba. Wannan yaƙi da ya fara 15 ga Afrilu, 2023 yana da finafinansa tuni, kuma masu bindiga ne suka ɗauka. Daga Jinaina zuwa Jazira zuwa Fashir, mai kisa yana riƙe da waya a ɗaya hannun, yana dariya, yana kabbara. In muka yi shiru, bayan shekara hamsin abin da za a samu na mutanenmu shi ne hotonsu a durƙushe, da muryar wanda ya durƙusar da su.

Malamaina, ku kuka karantar da mu ƙarshen Baƙara, inda aka hana ɓoye shaida. Ku kuka karantar da mu Buruji, inda Allah da kansa ya ajiye labarin mutanen rami da waɗanda suka zauna a bakin wuta suna kallo. Ku kuka koya mana cewa ba a karɓar magana sai an san wa ya ji daga wa. Aikin da nake roƙo bai fita daga wannan ba.

Kuma ba shi da tsada. Ɗaki ɗaya a zawiya ko a makarantar allo, waya mai kyau, ƙaramin abin magana na maƙalawa a riga, da matasa huɗu masu riƙe sirri, biyu maza biyu mata. Batun matan nan shi ne ƙashin bayan aikin. Ciwon 'ya mace na 'ya mace ne, kuma akwai abin da aka yi wa mata a wannan yaƙi da ba za su faɗa ba muddin akwai namiji ko a bakin ƙofa. Mai takaba a bar ta ta fita tukuna. Wadda ba ta iya kama suna ta zo da aminiyarta ta kama mata. In mutum ya ce a tsaya, a tsaya, a kawo shayi, a dawo gobe ko kada a dawo. A fara da yardarsa a cikin faifan, da bakinsa, da Hausa: wa ya yarda ya gani, kuma yaushe. Takardar Turanci da ake dangwala wa yatsa ba yarda ba ce, na gani da idona.

A bar mutum ya yi da harshen da ya zo masa. Na lura Gwaggo in ta juya Larabci sai maganarta ta gajarce, ta zama irin ta gaban jami'i. In ta dawo Hausa sai ƙamshin miya da kukan akuya su dawo cikin labarin. Jikokinta da yawa da Larabci suke amsa mata, don haka faifan zai ajiye musu abu biyu.

Sai wurin ajiya. Kada a tara ƙwai a kwando ɗaya a ƙasar da ke cin wuta. Gidan rediyo da talabijin na Umdurman, inda muryoyin shekaru masu yawa suke, ya zama fagen daga har Maris 2024. Gidan tarihi na ƙasa a Khartum an wawashe shi. Ina ba da shawarar kwafi uku: ɗaya a nan, ɗaya a Kano, ɗaya wurin 'yan'uwanmu na Shari' Mansur a Makka ko na Jidda, waɗanda tun farkon yaƙin suke aiko da kuɗin tukunyar takiyya, wato girkin sadaka na unguwa. Na huɗu kuma na mai maganar ne da iyalinsa. Baƙi masu kyamara kuwa kada a kore su, muna bukatar duniya ta ji. Sharaɗi ɗaya za ku gindaya: duk wanda ya naɗi ɗanmu ko 'yarmu, ya bar cikakken kwafi kafin motarsa ta tashi, kuma wani namu ya duba fassarar kafin a fitar.

Kuɗin wayar da na'urar ajiya mu matasa za mu haɗa. Abin da ba mu da shi, wanda ke hannunku kaɗai, shi ne izini. Aminiyar Gwaggo tana nan a aji na uku daga ƙofar makarantar, ta haura tamanin, idonta ya fara hazo amma ƙwaƙwalwarta garau. Lungunsu ɗaya a Rusairis, kuma ta san mafi yawan sunayen carbin nan, ta san sunan matar mai tob da ƙauyen iyayenta. Na je mata sau uku. Kullum sai ta ba ni goro ta ce: "Ɗan nan, in Omda ya ce a faɗa, zan faɗa. In liman ya ce ba giba ba ce, zan faɗa." Tari ya kama ta tun sanyin bana. Ina roƙon ɗayanku ya aiko mata da saƙo, ko da na murya ne ta waya, kafin Juma'a mai zuwa.

Wassalam.

Ɗanku,
malamin makaranta daga Rusairis, mazaunin Gadarif